Fim da Adana Al'adun Karkara: Ƙasar Dutse da Darasi daga Baskawa

1.0 Gabatarwa

A duwatsun da ke kewaye da garin Birnin Kudu, musamman Dutsen Habude da Dutsen Mesa, akwai zane-zanen shanu waɗanda mutanen da suka yi a jikin kogo. Masanin kayan tarihi Bernard Fagg, wanda ya kafa gidan tarihi na Jos, ya yi nazarinsu a tsakiyar shekarun 1950, daga baya kuma hukuma ta sanya su cikin kayan tarihin ƙasa. Wanda ya duba da kyau zai ga da yawa daga cikin shanun nan ba su da tozo, watau ba irin waɗanda Fulani suke kiwo a yankin a yau ba ne. Da ba don zanen ba, da wuya makiyayin yanzu ya yarda cewa irin wannan saniya ta taɓa cin ciyawa a ƙasarsa. Amma fa zanen bai faɗi sunan da ake kiran saniyar da shi ba, bai nuna yadda ake tatsarta ba, bai kuma adana ko kalma ɗaya ta harshen masu ita ba. Siffa ta tsira, sauran rayuwar ta tafi.

Wannan maƙala za ta duba wata hanyar adana rayuwa wadda ta fi zanen dutse cika, watau fim. Za a bi sawun abin da na'urar ɗaukar hoto ta kama daga rayuwar karkarar Hausa tun zamanin majigi, da abin da ta tsallake, tare da mayar da hankali kan ƙasar Dutse da tsakiyar Jihar Jigawa. Sa'an nan za a kawo misalin wata al'umma ta Turai, Baskawa, waɗanda suka ga ƙauyukansu suna sāke kama, suka tashi suka ɗauki al'adunsu a fim da kuɗinsu. Abin da maƙalar take son tabbatarwa shi ne, dokin sarki da darasin gwamnati sun sami rabonsu a fim, amma shekarar manomi, daga sharar gona zuwa cika rumbu, ita ce ta fi bukatar a ɗauka, ita ce kuma ta fi kusa da ɓacewa.

2.0 Fim ɗin Zahiri da Amfaninsa ga Manazarci

Fim iri biyu ne. Akwai na ƙage, inda ake tsara labari a ba 'yan wasa su kwaikwaya. Akwai kuma wanda a nan za a kira fim ɗin zahiri, inda ake ɗaukar mutane na ainihi suna gudanar da sha'aninsu a wurin da suka saba. Na biyun shi ne abin magana.

Hausawa sun ce gani ya kori ji. Abubuwa uku ne fim yake riƙewa waɗanda alƙalami ba ya iya riƙe su sosai: motsi, da sauti, da jerin aiki. Alal misali, marubuci yana iya cewa mata uku sun kewaye turmi ɗaya suna lugude, amma ba zai iya sa mai karatu ya ji yadda taɓaren suke karɓa wa juna ba, ko ya ga yadda mace take cilla taɓarya sama ta tafa kafin ta cafe, ko ya gane inda waƙar daka take faɗawa a kan bugun. Haka nan yana iya cewa ana shuka da sungumi, amma tazarar da ke tsakanin rami da rami, da yadda mai bi a baya yake zuba iri ya rufe da diddige ba tare da ya tsaya ba, sai ido.

Ga mai nazarin harshe kuwa, al'amarin ya fi haka nauyi. Ƙamusun Bargery na 1934 yana ɗauke da kalmomi kimanin 39,000, kuma kaso mai yawa daga cikinsu na noma ne da kiwo da sana'o'in hannu. Kalmomi da yawa an bayyana su ne da layi biyu ko uku. A zamanin da aka rubuta shi, layi biyun sun isa, domin abin da ake nufi yana nan a kowane gida. A yau akwai ɗalibin digiri na biyu a fannin Hausa wanda zai karanta firi da maimai da huɗa da gayauna da karmami, ya haddace ma'anarsu, alhali bai taɓa ganin ko ɗaya ana yi ba. Kalma takan mutu ne bayan aikin da take wa suna ya mutu. Fim ɗin da ya haɗa kalmar da aikin a bakin mai yin sa shi ne sharhin ƙamus mafi inganci.

3.0 Ƙasar Dutse da Shekarar Manomi

Dutse tsohon gari ne. Tarihin Kano ya ambaci Sarkin Dutse tun zamanin Sarkin Kano Abdullahi Burja a ƙarni na 15, ya kuma ambaci yaƙin da Sarki Kumbari ya kai wa garin a ƙarni na 18. A zamanin Turawa, Dutse da Birnin Kudu da Gwaram da Jahun gundumomi ne a ƙarƙashin En'e ta Kano. Ranar 27 ga Agusta 1991 aka ƙirƙiro Jihar Jigawa, Dutse ta zama babban birninta. Masarautar Dutse ta ƙunshi ƙananan hukumomi 7: Dutse, Kiyawa, Birnin Kudu, Buji, Gwaram, Jahun da Miga. Mazaunanta Hausawa ne da Fulani, akwai kuma Warjawa ta wajen kudu.

Rayuwar wannan ƙasa tana tafiya ne a kan lokuta huɗu. Da bazara ake sharar gona, a kai taki a kan jakuna ko amalanke, mai ƙarfin zuciya ya yi binne kafin ruwa ya sauka. Da damina ake shuka gero da dawa da maiwa, a sa wake da gyaɗa da riɗi, a yi firi, a yi maimai, a yi huɗa. Tsofaffin manoma da malamai suna lissafin damina da taurari, irin su Haƙ'a da Han'a da Zira'a, kowane da kwanakinsa 13 da irin ruwansa. Da kaka ake girbi, a ɗaure dammuna, a fitar da zakka, a cika rumbu, daga nan sai bukukuwan aure da dambe da kokawa da kalankuwa, Fulani kuma su yi sharo. Da rani ake gyaran ɗaki da shinge, a koma fadama noman lambu, ko a tafi cin rani.

Ƙasar Dutse tana da wani abu na daban, watau dabino, wanda saboda shi aka kafa reshen binciken dabino na wata cibiyar bincike ta ƙasa a garin. Bishiyar dabino akwai namiji akwai mace, kuma manomin da ya san aikinsa yakan hau ya ɗebo furen namijin ya sa a cikin na macen domin 'ya'ya su kama sosai. Sanin lokacin da furen ya isa, da yadda ake hawa, da yadda ake raba 'ya'yan itacen daga gindin uwa a dasa, duk ilmi ne da ɗa yake ɗauka daga uba da ido.

Ginshiƙan wannan tsari biyu ne: gandu da gayya. Gandu shi ne uba da 'ya'yansa, ko wa da ƙannensa, su noma gona ɗaya su ci daga rumbu ɗaya, kowa kuma yana da gayaunarsa. Gayya kuwa ita ce a gayyato samarin gari su taru a gonar mutum ɗaya, da gangar noma da kirari, a yi a rana ɗaya abin da zai ɗauki mako. Duka biyun sun raunana. Garmar shanu da tarakta sun rage aikin huɗa da hannu, maganin feshi ya rage noman ciyawa wanda shi ne dalilin gayya, ƙodago ya maye gurbin taimakon juna, injin sussuka da na niƙa sun rage daka, buhu da ɗakin ajiya suna korar rumbu, gine-ginen babban birni kuma suna cin gonakin da ke kewaye da Garu. Da yawa daga cikin waɗannan sauye-sauye sauƙi ne ga talaka, musamman mata, kuma babu mai hankalin da zai ce a koma wahalar da. Abin da ake magana a kai shi ne a adana sanin kafin masu shi su ƙare.

4.0 Abin da Aka Ɗauka a Ƙasar Hausa

4.1 Zamanin Majigi

Fim ya fara isa ƙauyukan Hausa ne ta hanyar majigi. Kalmar ta samo asali daga sunan da Turawa suke kiran wata fitilar haska hotuna a bango. A 1939 gwamnatin Ingila ta kafa sashen shirya fina-finai domin ƙasashen da take mulka, a ƙarƙashin William Sellers, wanda tsohon jami'in kiwon lafiya ne a Nijeriya. Sashen ya yi aiki har 1955, gwamnatin Jihar Arewa kuma ta kafa nata. Motar majigi takan iso gari da yamma, a kafa farin allo a ƙofar gidan hakimi, a tayar da inji bayan sallar isha'i, mai sharhi ya riƙa fassara da lasifika.

Manufar majigi koyarwa ce: tsabta, da allurar rigakafi, da biyan haraji, da noman zamani. Fim ɗin Baban Larai, wanda dattawa da yawa suke tunawa, na koyar da noma ne. Salon da aka fi bi shi ne a nuna mutum biyu, mai wayo wanda ya bi shawarar malamin gona ya sami albarka, da wawa wanda ya tsaya kan hanyar kakanninsa ya yi hasara. A irin wannan tsari, al'adar manomi tana fitowa ne a matsayin kuskuren da za a gyara. Babu wanda ya tsaya ya tambayi manomin dalilin da ya sa yake haɗa gero da wake a kunya ɗaya, alhali binciken masana aikin gona daga baya ya nuna hikimar da ke cikin wannan haɗi wajen rage hasara da kiyaye ƙarfin ƙasa.

Fina-finan da aka yi domin nuna wa mutanen waje kuwa, idonsu yana kan abin ƙawa: hawan daba na Kano a 1925 lokacin ziyarar Yariman Ingila, da na Kaduna a 1956 lokacin zuwan Sarauniya, da dalar gyaɗa, da marinar Ƙofar Mata, da ganuwa. An ɗauki gyaɗa bayan ta zama dala a bakin tashar jirgi. Hannun da ya tuge ta a gonakin gabashin Kano bai cika fitowa ba.

4.2 Fina-finan Masana

A Jamhuriyar Nijar an sami wani salo daban. Jean Rouch ya shafe shekaru yana ɗaukar rayuwar Zabarmawa da Sanwai a bakin kogin Kwara, kuma a shekarun 1960 wasu masana Faransawa suka bi sawunsa a ƙasar Hausa. Nicole Echard ta ɗauki maƙeran ƙasar Adar suna narka tama, Marc-Henri Piault kuma ya ɗauki mahautan ƙasar Arewa ta Dogon Dutsi. Waɗannan ayyuka suna da daraja ƙwarai, domin narkar da tama ta gargajiya ta riga ta shuɗe, fim ɗin ne ya rage shaida. Sai dai sharhinsu da Faransanci ne, an kuma adana su a Faransa, jikokin waɗanda aka ɗauka kaɗan ne suka taɓa ganin su.

4.3 Talabijin da Bidiyo

An buɗe gidan talabijin na Kaduna a 1962, na Jihar Kano kuma a farkon shekarun 1980, lokacin ƙasar Dutse tana cikin Jihar Kano. Waɗannan gidaje sun yi shirye-shiryen noma da na kaɗe-kaɗen gargajiya, amma kaset yana da tsada a lokacin, kuma al'adar gidajen talabijin a ƙasashe da dama ita ce a goge tsohon shiri a ɗauki sabo a kansa. Daga 1990, da fitowar Turmin Danya a Kano, sana'ar fim ɗin Hausa ta kafu. Ita kuma hankalinta yana kan soyayya da rikicin gida a birni. Inda ƙauye ya fito, sau da yawa wurin ban dariya ne, baƙauye kuma abin yi wa dariya.

A yau kusan kowane saurayi a Kiyawa ko Jahun yana da kyamara a aljihunsa, kuma hotunan hawan salla na Dutse sun cika YouTube da Facebook. A Disamba 2024 hukumar UNESCO ta sanya hawan daba na Kano cikin jerin al'adun duniya, kamar yadda ta sanya bikin kamun kifi na Argungu a 2016. Wannan abin farin ciki ne. Amma ya ƙara nuna inda ido yake karkata: ga biki, ga ado, ga taro. Aikin ranar Talata a gona ba ya jan 'yan kallo, saboda haka ba a ɗaukarsa.

5.0 Misalin Baskawa

Baskawa al'umma ce ta kimanin mutum miliyan 3 da ke zaune a yammacin duwatsun da suka raba Sifen da Faransa, a bakin teku. Harshensu, Euskara, masana ba su gano danginsa ba a cikin harsunan duniya masu rai. Tushen rayuwarsu ta karkara shi ne gidan gona da suke kira baserri, inda iyali da dabbobi da hatsi suke ƙarƙashin rufi ɗaya. Bisa al'adarsu ɗa ɗaya ne yake gadon gidan da gonar, domin kada a rarraba. A nan sun bambanta da Hausawa, inda gandu yakan watse bayan rasuwar uba idan aka raba gado. Amma a wasu fuskoki kamar an tsaga kara. Suna da aikin gayya wanda suke kira auzolan. Suna da wasannin da suka fito daga aikin yau da kullum, kamar gasar saran gungume da ta ɗaga dutse, yadda gasar noma ta fito daga gona. Suna kuma da mawaƙan baka, bertsolari, masu ƙirƙirar baiti nan take a gaban jama'a suna mayar wa juna martani.

A zamanin mulkin Janar Franco, daga 1939 zuwa 1975, an takura wa harshensu a makaranta da ofis, an kuma hana wasu bukukuwansu. A shekarun 1960 masana'antu suka janye matasa daga gidajen gona zuwa birane. Da suka ga haka, sai wasu daga cikinsu suka ɗauki kyamara. Ayyuka uku sun isa misali.

Na farko shi ne Ama Lur, watau Uwa Ƙasa, wanda Nestor Basterretxea da Fernando Larruquert suka shirya, aka fara nuna shi a 1968 a birnin San Sabastiyan. Ya ƙunshi makiyaya da masunta da manoma, da raye-raye da wasanni da jana'iza. Abin lura shi ne yadda aka sami kuɗinsa: mutane fiye da 2,000 ne suka sayi hannun jari, kowa gwargwadon ƙarfinsa. Hukumar tace fina-finai ta Franco ta matsa musu, har ta tilasta a ambaci sunan Sifen a cikin sharhin, amma fim ɗin ya fito.

Na biyu shi ne aikin wasu 'yan'uwa biyu, Julio Caro Baroja, masanin al'adu, da ƙanensa Pio, mai shirya fim. A farkon shekarun 1970 suka fitar da wani dogon fim a kan lardin Nabara, suka tsara shi a kan lokuta huɗu na shekara. Kowane kashi yana bin ayyuka da bukukuwan lokacinsa, ƙauye bayan ƙauye. Masani ne ya zaɓi abin da za a ɗauka ya kuma rubuta bayaninsa, gwanin kyamara ya ɗauka.

Na uku shi ne ma'ajiya. A 1978 suka kafa taskar fina-finan Baskawa a San Sabastiyan, wadda take tattara fina-finai, har da waɗanda mutane suka ɗauka a gidajensu, tana gyara su tana adanawa.

6.0 Darussa da Wuraren Taka-tsantsan

Darasi na farko shi ne, waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi. Bambancin Ama Lur da fina-finan majigi shi ne wanda ya biya da wanda ake yi domin sa. Mutanen da suka san aikin gayya ba baƙi ba ne ga tara kuɗi domin aikin gari, kuma ƙungiyoyin ci gaban garuruwa da suke gina masallaci da makaranta suna iya ɗaukar nauyin adana tarihin garinsu.

Na biyu shi ne tsari. Hanyar 'yan'uwan nan biyu ta dace da ƙasar Dutse ƙwarai: a zaɓi ƙauye ɗaya ko biyu, ɗaya a tudu ɗaya a bakin fadama, a bi gida ɗaya daga bazara zuwa bazara. A ɗauki aikin daga farkonsa zuwa ƙarshensa ba tare da gaggawa ba. A bar mai aikin ya faɗi sunan kowane kayan aiki da kowane mataki da bakinsa, da karin harshensa, domin Hausar gabashin tsohuwar ƙasar Kano, mai maƙwabtaka da Haɗejanci da Guddiranci, ita ma abin adanawa ce, haka nan Fulatanci da Warjanci na yankin. Kada a rufe muryarsa da kiɗan zamani ko da sharhin ɗan birni.

Na uku gargaɗi ne: kyamara tana sauya abin da take kallo. A ƙauyen Lantz na lardin Nabara akwai wani bikin shekara da ya mutu bayan an hana shi tun lokacin yaƙin basasar Sifen. A 1964 'yan'uwan nan suka nemi izini, suka sa tsofaffin garin suka tuno yadda ake yi, aka sāke yin sa domin a ɗauka. Daga nan bikin ya farfaɗo. Wannan nasara ce, amma manazarci ya san cewa abin da ke cikin fim ɗin tunawa ce aka sāke ginawa. Haka zai faru idan aka tara samari aka ce su yi gayya domin kyamara: za su sa riguna masu kyau, makaɗi zai ƙara gishiri. Babu laifi a yi hakan idan abin ya riga ya shuɗe, muddin an rubuta a fili cewa kwaikwayo ne, an kuma faɗi wanda ya ba da bayanin da shekarunsa.

Na huɗu shi ne kada a ƙawata ƙauye fiye da yadda yake. Fim ɗin da ya nuna rumbu cike bai nuna watan da hatsi yake ƙarewa kafin sabon gero ya nuna ba, ko bashin da ake ci a biya da kaka, ko rikicin manomi da makiyayi a kan burtali, ya faɗi rabin gaskiya ne. Injin niƙa da babur da wayar hannu su ma suna cikin rayuwar ƙauyen yau, kuma bayan shekara 50 za su zama tarihi.

Na biyar ya shafi mutunci. Rabin aikin karkara a cikin gida ake yin sa: surfe, da bakace, da tankaɗe, da kaɗi, da dawo, da ƙuli-ƙuli, da daddawa, da renon jariri, da waƙoƙin da ke tare da su. Baƙo namiji iyakarsa zaure. Saboda haka wannan ɓangare sai mata manazarta, da yardar matan da kansu da ta masu gidan, bayan an bi ta hannun dagaci da mai unguwa. Wajibi ne a gaya wa mutane inda hoton zai je, a kuma yarda cewa akwai abin da za a adana domin nazari kawai ba domin watsawa ba. Fagg ya rubuta cewa duwatsu masu amo na Birnin Kudu suna da alaƙa da bikin aure, domin 'yan matan da za a aurar sukan je can su kaɗa su. Irin wannan bayani a wurin tsofaffin mata yake, kuma ba za su ba da shi ga wanda ba su amince da shi ba.

7.0 Matsalar Ajiya

Ɗauka rabin aiki ne. Zaren fim yana ruɓewa a cikin zafi da laima, kaset yana kamawa, faifan CD yana ƙarjewa, waya tana ɓata, shafin intanet kuma na kamfani ne wanda yana iya rufe shi. Labarin Shaihu Umar ya isa ishara. Adamu Halilu ya shirya wannan fim a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa, kuma yana cikin manyan ayyukan fim da aka yi da Hausa. Duk da haka an daɗe ana zaton ya ɓata, sai a 2016 aka gano zarensa a cikin tulin tsofaffin gwangwanayen fim na Hukumar Fina-finai ta Nijeriya, aka gyara shi da taimakon wata cibiya ta Jamus, aka nuna shi a bikin fina-finai na Balin a 2018. Idan aiki irin wannan ya kusa salwanta, ina ga kaset ɗin bikin kalankuwa da ke cikin akwatin wani mai ɗaukar hoto a Birnin Kudu?

Wuraren da za su iya ɗaukar wannan nauyi suna nan. Akwai Jami'ar Tarayya ta Dutse, wadda aka kafa a 2011, da Jami'ar Sule Lamido da ke Kafin Hausa, da cibiyar nazarin harsunan Nijeriya ta Jami'ar Bayero, wadda tun 1969 take tattara adabin baka, da Gidan Arewa a Kaduna, da taskar fina-finai ta ƙasa a Jos, da fadar masarautar kanta. Abin da ake bukata bai fi ƙarfinsu ba: a tattaro tsofaffin kaset na bukukuwa daga hannun masu sana'ar ɗaukar biki a mayar da su na kwamfuta, a ajiye kowane aiki a wuri fiye da ɗaya, a haɗa kowane hoto da takardar da ta faɗi rana da wuri da abin da ake yi, a kuma rubuta maganganun da ke ciki. Hoton da ba shi da wannan bayani zai koma kamar shanun Dutsen Habude. Sassan Hausa na jami'o'i kuma suna iya karɓar fim mai cikakken sharhi a matsayin wani ɓangare na kundin digiri, ta yadda kowane ɗalibi da ya tafi ƙauyensu bincike zai dawo da abin da za a sa a taska. Wajibi ne kuma a mayar da kwafi ga ƙauyen da aka ɗauka, a nuna musu a dandali, domin su ne za su gyara kuskuren da ke ciki.

8.0 Kammalawa

An ga yadda majigi ya ɗauki manomi a matsayin ɗalibi, fina-finan baƙi suka ɗauki sarauta da ado, masana suka ɗauki sana'o'i suka tafi da su ƙasashensu, fim ɗin kasuwa kuma ya mayar da ƙauye wurin raha. An kuma ga yadda Baskawa, a cikin takura, suka haɗa kuɗi da masani da gwanin kyamara da ma'ajiya suka adana shekarar manominsu. Abin da ya fi musu wuya, watau na'ura da kuɗin zaren fim, shi ne ya fi sauƙi a yau. Abin da ya fi ƙaranci a ƙasar Dutse shi ne lokaci. Mutumin da ya yi samartakarsa a fagen gayya a shekarun 1960 ya haura shekara 70 a yau, haka nan matar da ta san waƙoƙin niƙa a kan dutse tun kafin zuwan inji. Kowace damina tana wucewa da wasu daga cikinsu. Aikin da ya kamata malamai da ɗaliban Hausa su sa a gaba shi ne su isa wurin waɗannan dattawa da kyamara da littafi tun suna iya riƙe fartanya su nuna.